Ɗan Bututun da Ke Raba Kisa da Rauni: Yadda Mafarautan Amurka Ke Zaɓen Cok Don Talotalon Daji

Duk shekara, daga farkon watan Maris a kudancin jihar Fulorida har zuwa ƙarshen Mayu a jihohin arewacin Amurka, dubban ɗaruruwan mutane kan bar gadajensu tun kafin assalatu, su shiga daji sanye da tufafi masu launin ganye da ɓawon itace, su jingina da gindin bishiya suna jiran tsuntsu guda. Tsuntsun shi ne talotalon daji. Makonni kafin wannan rana, muhawarar da ke cika shagunan kayan farauta da mujallunsu tana tafiya ne a kan wani ɗan bututun ƙarfe da tsawonsa bai wuce yatsa ba, wanda ake murɗawa a bakin bindiga. Suna kiran sa cok, sunan da makanikan mota da masu janareta a wurinmu suka sani, kuma ma'anar tana kusa da juna, domin dukansu aikinsu shaƙe hanya ne.

Mai karatu na iya tambayar abin da ya kawo wannan zance shafin ra'ayi. Dalilina shi ne, a 'yan shekarun da na yi ina karatu a jihar Mizuri na ga yadda wannan ɗan ƙarfe ke tattare da tambayoyi manya: mene ne haƙƙin dabbar da za a kashe a kan mai kashe ta, ina ne iyakar abin da ya kamata na'ura ta yi wa mutum, kuma yaya al'umma ke auna abu kafin ta yarda da shi. Bambancin da ke tsakanin cok ɗin da ya dace da wanda bai dace ba bai kai milimita ɗaya ba, amma shi ke yanke hukuncin ko tsuntsu zai faɗi nan take, ko kuwa zai tsere da ƙwayoyin dalma a jikinsa ya je ya mutu a hankali a cikin ƙurmi.

Tsuntsun da ya kusa ƙarewa

Talotalon da muke kiwo a gidajenmu asalinsa tsuntsun nahiyar Amurka ne. Mutanen ƙasar Meziko na dā ne suka fara mayar da shi na gida, Sifaniyawa suka kai shi Turai a farkon ƙarni na 16, daga nan ya bazu a duniya. Ɗan'uwansa na daji kuwa wata halitta ce daban a ɗabi'a. Namiji baligi kan kai nauyin kilo 5 zuwa 11, yana gudu a ƙasa har kimanin kilomita 40 a sa'a, yana kuma tashi sama da ƙarfi a gajeren zango. Idanunsa suna gefen kai, saboda haka yana ganin kusan duk abin da ke kewaye da shi da ɗan juyi kaɗan, kuma motsin yatsa ya isa ya tayar da shi. Iri biyar ake da su a Amurka, daga na gabas wanda ya fi yawa, zuwa na Fulorida da ba a samun sa a ko'ina sai can.

Zuwa shekarun 1930 wannan tsuntsu ya ɓace ƙwaf daga jihohi da dama, sakamakon sare dazuka da farautar kasuwa marar ƙa'ida. Abubuwa biyu ne suka dawo da shi. Na farko kuɗi. A shekarar 1937 Shugaba Franklin Roosevelt ya sa hannu a dokar da ake kira Pittman-Robertson, wadda ta karkatar da harajin bindigogin farauta da harsasai, wanda ya tsaya a kan kashi 11 cikin 100, zuwa ga hukumomin namun daji na jihohi. Na biyu dabara. An daɗe ana ƙyanƙyasar talotalo a keji ana saki a daji suna mutuwa, har sai da aka koma kama na dajin da wata raga da ake harbawa da albarushi ta rufe garke, a kwashe su a kai inda suka ƙare. An fara cin nasarar wannan a dajin Francis Marion na jihar Karolina ta Kudu a 1951. A 1973 aka kafa ƙungiyar mafarauta ta National Wild Turkey Federation, wadda ta ƙara kuɗi da hannu a aikin. Zuwa farkon shekarun 2000 adadin tsuntsun ya doshi miliyan 7, kuma ana farautarsa a jihohi 49, wato ko'ina ban da Alaska.

Na kawo wannan tarihi ne domin a fahimci dalilin da ya sa mafarauci mai hankali a can ba ya ɗaukar raunata tsuntsu da wasa. Dukiya ce da aka yi rabin ƙarni ana farfaɗo da ita, kuma doka ta ƙayyade wa kowa abin da zai ɗauka, galibi namiji ɗaya ko biyu ko uku a bazara guda.

Abin da cok yake yi

Bindigar da ake magana a kanta ita ce mai watsa ƙwayoyi, irin wadda muka sani da mai baki ɗaya ko mai baki biyu. Harsashinta ɗauke yake da ɗaruruwan ƙananan ƙwayoyi a cikin wani kofin roba, waɗanda kan fita a dunƙule sannan su yi ta buɗewa gwargwadon nisan da suka ci. Ana auna faɗin cikin bututunta da abin da suke kira geji, kuma asalin lissafin daɗaɗɗe ne: idan dunƙulallun dalma 12 masu faɗin bututun suka cika laba ɗaya, bindigar geji 12 ce. Faɗin cikinta a ƙa'ida inci 0.729 ne, kimanin milimita 18.5. Geji 20 kuwa inci 0.615 ne.

Cok shi ne ɗan tsukewar da ake yi wa ƙarshen bututun. Duk wanda ya taɓa danne bakin tiyo da babban yatsa don ruwa ya yi nisa ya san tushen abin, ko da yake cok ba ya ƙara wa ƙwayoyi wani gudu na a zo a gani. Abin da yake yi shi ne ya hana su saurin warwatsewa. An fara neman haƙƙin mallakar wannan fasaha a 1866, a Ingila da Amurka, sannan maƙerin bindiga W. W. Greener na birnin Bamingam ya kyautata ta a 1874, bindigoginsa suka lashe gasar gwajin da mujallar The Field ta shirya a 1875. Shekaru kusan 100 bayan haka, matsin a jikin bututu yake, wanda aka saya da shi za a mutu da shi. Shi ya sa a tsofaffin bindigogi masu baki biyu za ka tarar bakin dama ya fi buɗewa, don harbin farko na kusa, na hagu kuma ya fi tsukewa, don tsuntsun da ya riga ya yi nisa. Cok na murɗawa, wanda ake cirewa a sauya, ya kankama ne bayan kamfanin Winchester ya fito da samfurinsa mai suna Winchoke a 1969, sauran kamfanoni suka biyo baya.

Matakan matsin sanannu ne. A geji 12, bututun da ba shi da matsi ko kaɗan kan zuba kimanin kashi 40 cikin 100 na ƙwayoyinsa a da'ira mai faɗin inci 30 daga nisan yadi 40, wato kusan mita 37. Matsin inci 0.010 kan kai kashi 50, na inci 0.020 kashi 60, cikakken matsi na wajen inci 0.035 kuma kashi 70. Waɗannan su ne na masu harbin agwagwar ruwa da makwarwa, masu son ƙwayoyi su baje kamar raga domin su tare tsuntsun da ke shawagi. Cok ɗin talotalo ya wuce duk wannan. Bakinsa kan kasance tsakanin inci 0.660 da 0.670, wato matsin da ya kai ninki biyu na cikakken matsi ko kusa da haka, kimanin milimita ɗaya da rabi.

Abin da ya sa talotalo yake da nasa

Ba a harbin talotalo yana tashi. A bazara, lokacin barbara, mafarauci kan kwaikwayi kukan mace da wani ɗan akwatin katako ko faifan dutse ko wata 'yar roba da ake sa wa a ganɗa, namijin ya amsa, ya taho yana taƙama da buɗe wutsiya. Harbin na tsuntsu ne da ke tsaye ko yake tafiya a hankali, don haka ba a buƙatar raga mai faɗi.

Sai dai jikinsa kamar sulke yake. Gashinsa ya kai 5,000 zuwa 6,000, fukafukansa masu kauri sun rufe haƙarƙari, ga tsokar ƙirji mai zurfi. Ƙwayar da ta sami jiki daga nesa sau da yawa ba ta kaiwa ga zuciya ko huhu. Inda ke kashe shi nan take shi ne ƙoƙon kai da ƙashin wuya, kuma idan aka cire fata da tsoka, abin da ya rage bai wuce ɗan ƙaramin ƙwai a kan sanda mai kaurin yatsa ba. Wannan ɗan wuri ake son ƙwayoyi da yawa su samu a lokaci guda. Daga nan ne ma'aunin da mafarautan suka yi ittifaƙi a kansa ya fito: a sami ƙwaya 100 ko fiye a cikin da'ira mai faɗin inci 10, kimanin santimita 25, a nisan da ake niyyar harbi, kuma a baje suke daidai, babu wani gurbi da kan tsuntsu zai iya shigewa ba a taɓa shi ba. Nisan da bindiga ta daina cika wannan sharaɗi, nan ne iyakarta.

Farko a dubi bindigar

Mai sayen cok yakan fara ne da abin da ya fi sauƙi kuma ya fi haɗari idan aka yi sakaci, wato tiredin da ake murɗa shi a ciki. Kowane kamfani da nasa tsarin. Remington na da Rem Choke, Browning na da Invector da Invector-Plus, Beretta na da Mobilchoke da Optima, Benelli na da Crio. Wasu suna kama da juna har su shiga su ɗauru, alhali gindin cok ɗin bai zauna daidai da cikin bututu ba. Idan gefensa ya ɗan leƙo cikin hanya, ƙwayoyin za su doke shi da cikakken ƙarfi, su tsage shi ko su kumbura bakin bindigar. Saboda haka ne ake dagewa a duba abin da aka rubuta a jikin bututun, a kuma riƙa taɓa cok ɗin lokaci zuwa lokaci don tabbatar da bai kwance ba, bayan an tabbatar babu harsashi a ciki.

Abu na biyu ya fi ɓuya. Lambar da ake bugawa a jikin cok faɗin bakinsa ce kawai. Ainihin matsin shi ne bambancin da ke tsakanin wannan lamba da faɗin cikin bututun, kuma ba duk geji 12 ne ke da faɗi ɗaya ba. Bindigar Mossberg 835, wadda ta fito a 1988 tare da dogon harsashi mai inci uku da rabi, cikinta inci 0.775 ne. Cok mai lamba 0.670 a bindiga mai faɗin 0.729 matsin inci 0.059 ne, amma a wannan ta Mossberg ya zama 0.105. Mutum biyu za su iya cewa lambarsu ɗaya, alhali abin da ke faruwa a bakin bindigoginsu ya sha bamban. Wannan kaɗai ya isa ya nuna raunin shawarar da ake karɓa daga aboki ba tare da tambayar irin bindigarsa ba.

Sannan a dubi ƙwayoyin

Cok da harsashi tamkar turmi da taɓarya ne, ba a yanke hukunci a kan ɗaya ba tare da ɗayan ba. Shekaru da yawa dalma ce ke mulki, a lamba 4 ko 5 ko 6. Yadda lambar ke hawa, haka ƙwayar ke ƙanƙancewa: lamba 4 faɗinta milimita 3.3 ne, kuma oza ɗaya na ɗauke da kimanin 135. Lamba 5 kimanin 170. Lamba 6 kimanin 225. Babbar ƙwaya ta fi riƙe ƙarfi a nesa amma ba ta da yawa, ƙarama ta fi cika takarda amma tana saurin gajiya. Wasu jihohi, ciki har da Mizuri, sun hana amfani da ƙwayar da ta fi lamba 4 girma a farautar talotalo, domin rage illa idan aka sami wani mafaraucin bisa kuskure.

Dalma ƙarfe ne mai taushi. Bugun albarushi kan lanƙwasa ƙwayoyin da ke ƙasan kofi, matsin cok ya ƙara murje na gefe, kuma ƙwayar da ta daina zama mulmulalliya ba ta tafiya kai tsaye. Shi ya sa matsi ke da iyaka. Akwai matakin da idan aka wuce shi, ƙara tsukewa kan ɓata zubin maimakon gyara shi, a ga ƙwayoyi sun fantsama gefe, tsakiya kuma ta yi gurabu. Ƙa'idar da aka saba bi ita ce, babbar ƙwaya tana son cok mai ɗan sassauci, ƙarama kuma tana jure tsukewa. Masu ƙera harsashi sun yi ta neman maganin wannan taushi, ta hanyar shafa wa ƙwayoyi tagulla ko cika tsakaninsu da garin roba. Winchester ya zo da Long Beard XR a wajajen 2014, inda ake daskarar da ƙwayoyin a cikin wani irin ƙaro da ke farfashewa lokacin harbi ya kare su daga lanƙwasa.

Babban sauyin ya zo ne da tangistin, ƙarfen nan da ake yin zaren cikin tsohon ƙwan fitila da shi. Gaurayen da ake kira TSS nauyinsa giram 18 ne a kowace santimita kubik, alhali dalma 11.3 ce, baƙin ƙarfe kuma 7.8. Masu haɗa harsashi a gida ne suka fara amfani da shi, sannan kamfanin Federal ya shigo da shi babbar kasuwa a 2018. Saboda nauyinsa, 'yar ƙwaya lamba 9 mai faɗin milimita 2 kacal tana huda kwatankwacin yadda lamba 5 ta dalma ke yi, ga shi oza ɗaya na ɗaukar wajen 360. Lissafin a bayyane yake. Harsashi mai oza ɗaya da kashi uku cikin huɗu, kimanin giram 50, idan dalma ce lamba 5 yana da ƙwaya kusan 300, wanda ke nufin sai sulusinsu duka sun shiga 'yar da'irar nan kafin a cika ma'auni. Idan TSS ne lamba 9, ƙwayoyin sun haura 600. Wannan ne ya sa ƙaramar bindigar nan mai faɗin inci 0.410, wadda a dā ake ba yara su koyi harbi da ita, ta zama bindigar talotalo, domin giram 23 na TSS a cikinta ya kusa kai ƙwaya 300. Dattawa masu ciwon kafaɗa da mata da matasa sun sami sauƙin naushin da manyan harsasai ke yi. Kuɗin ne dai ba sauƙi, don harsashi guda kan haura dala 10.

Ga mai zaɓen cok, tangistin ya zo da sharuɗɗansa. Ba ya lanƙwasa, kuma yana tafiya a dunƙule da kansa, saboda haka sau da yawa ba ya buƙatar matsanancin matsi. Taurinsa kuma na nufin ba kowane cok ne aka ƙera ya jure shi ba, sai wanda maƙerinsa ya bayyana haka. Baƙin ƙarfe ya fi wannan tsanani, domin tura manyan ƙwayoyinsa ta cikin cok ɗin talotalo na iya lalata bindiga. Batun yana da muhimmanci a wuraren da dalma ta haramta, kamar jihar Kalifoniya, wadda ta hana farauta da ita baki ɗaya tun ranar 1 ga Yulin 2019.

Takarda ce alƙali

Bayan duk wannan lissafi, babu wanda zai iya faɗa wa mutum tabbacin yadda bindigarsa za ta yi, domin bindigogi biyu da suka fito daga masana'anta ɗaya a rana ɗaya kan iya bambanta. Sai an gwada akan san na ƙwarai. A filayen gwajin harbi da hukumar kula da namun daji ta Mizuri ke gudanarwa, na sha ganin mutane a ƙarshen sanyi suna manna manyan takardu a jikin allo, kowace faɗinta ya kai mita guda. Mutum zai zauna, ya ɗora bindiga a kan buhun yashi, ya saita ɗigon da ke tsakiya daga yadi 40, ya harba sau ɗaya. Sai ya ɗauko takardar, ya nemi inda hudojin suka fi cinkoso, ya zana da'irar inci 10 a kewaye da wurin, ya zauna da alƙalami yana ƙirga su ɗaya bayan ɗaya. Zai maimaita sau uku ko fiye da kowane haɗin cok da harsashi, saboda harbi ɗaya na iya zama dace. Daga nan ya matso yadi 30, da 20, da 10.

Babbar takarda tana tona wani asirin da ƙarama ke ɓoyewa, wato bambancin inda aka saita da inda ƙwayoyi suka sauka. Bindiga da yawa kan zuba ƙwayoyinta ɗan sama ko ɗan gefe. Idan zubin mai faɗi ne, kuskuren inci huɗu ko biyar ba ya nuna kansa. Idan kuwa an tsuke shi, wannan kuskure na nufin gefen zubin ne kawai zai sami tsuntsun. Wannan ya sa yawancin masu amfani da tsukakken cok ke ɗora wa bindiga na'urar saiti mai jan ɗigo, wadda ake iya gyarawa har inda ido ya duba ya zama inda ƙwayoyi ke sauka. Wani dattijo da na saba haɗuwa da shi a filin yakan ajiye takardun shekarun baya a naɗe, kowace da kwanan wata da sunan harsashi, kuma duk lokacin da ya sayi sabon kwali sai ya sake gwaji. Ba a fafe gora ranar tafiya.

Inda kwaɗayin nisa ke kai mutum

A nan ne nake da ra'ayi, kuma ya saɓa wa abin da tallace-tallace ke koyarwa. Kasuwa tana sayar da cok ne da alƙawarin nisa, ana ambaton yadi 60 da 70, kuma gaskiya ne cewa haɗin tangistin da tsukakken cok kan iya huda takarda da kyau a can. Amma cok ɗin da ya yi fice a yadi 60 yana da farashi a yadi 10, inda dukan ƙwayoyin ke wucewa a dunƙule, faɗinsu bai fi dunƙulen hannu ba. Kan talotalo kuwa ba ya tsayawa wuri ɗaya, kullum cikin leƙe da sunkuyo yake. Mafaraucin da ya iya kira har tsuntsu ya zo gabansa, zuciyarsa na bugawa, shi ne ya fi shiga haɗarin kuskure da irin wannan cok. Abin mamaki ne a ce kayan aiki ya hukunta mutum saboda ya ƙware a sana'arsa.

A ɗaya ɓangaren kuma, takarda ba ta motsi, ba ta da reshe a gabanta, iska ba ta kaɗa ta. Ido kan yi kuskuren auna nisa a daji, musamman a fili ko a gangare, kuma wanda ya ɗauka yadi 55 ne alhali 65 ne ya riga ya fita daga iyakar bindigarsa. Sakamakon shi ne karyayyen fiffike ko ƙafa, ko ƙwaya a hanji, tsuntsu ya gudu ya zama abincin yanyawa, mafaraucin kuma ya ce ya kuskure, ya sake neman wani. A lissafin hukuma tsuntsu ɗaya ya ɗauka, a lissafin daji biyu ne. Akwai kuma batun rayukan mutane, domin a wannan farauta kowa a ɓoye yake yana kwaikwayon kukan tsuntsu, kuma ƙwayar da ke riƙe ƙarfi a nesa tana riƙe shi ne ga duk abin da ta samu. Shi ya sa ake gargaɗin kada a sa ja ko fari ko shuɗi, launukan kan namijin talotalo, a kuma jingina da bishiyar da ta fi kafaɗu faɗi.

Wannan magana ta ƙara nauyi ne saboda tsuntsun ya sake fara raguwa. Tun daga tsakiyar shekarun 2000, jihohin kudu maso gabas da na tsakiya ke ganin 'ya'yan da ke rayuwa bayan ƙyanƙyasa suna ƙaranci. Masana irin su Michael Chamberlain na Jami'ar Jojiya suna danganta abin da lalacewar wuraren sheƙa da yawaitar dabbobin da ke cin ƙwai, suna kuma binciken ko kashe manyan maza tun kafin su gama barbara na taka rawa. Jihar Jojiya ta rage adadin da aka yarda wa mutum daga uku zuwa biyu a 2022, ta kuma jinkirta buɗe lokacin. Tenesi ta yi irin haka a 2023, Kansas kuma ta dakatar da farautar kaka a wannan shekarar. Babu wanda ya ɗora laifin raguwar a kan cok shi kaɗai. Amma idan ana rage wa kowa rabonsa, kayan aikin da ke mayar da tsuntsun da a dā zai tsira ya zama abin harbi ya cancanci a yi masa tambaya.

Tsofaffin mafarautanmu masu adaka ba su san cok ba, kuma bindigarsu ba ta da nisa, don haka gwanintarsu duka ta tattara ne a sanɗa da sanin iska da haƙurin jira har zabon daji ya matso. Tsofaffin mafarautan talotalo na Amurka ma a kan haka suka gina sunansu, domin abin alfahari a wurinsu shi ne a ce mutum ya kira tsuntsu har yadi 20.

Da wani zai nemi shawarata a kan wane cok zai saya, ga abin da zan ce masa. Ya fara tantance tiredin bindigarsa da faɗin cikinta. Ya zaɓi harsashi ɗaya da aljihunsa zai iya ɗaukar gwada shi sau da yawa, ko da dalma ce lamba 5, domin harsashin da ya yi tsadar da ba a iya gwada shi ba ya da amfani. Ya fara da cok ɗin da ya zo tare da bindigar kafin ya kashe kuɗi a kan wani. Idan zai saya, ya nemi mafi sassaucin da zai ba shi ƙwaya 100 a da'irar inci 10 daga yadi 40, wanda kuma zubinsa a yadi 15 ke da ɗan faɗin da zai yafe masa rawar hannu. Sannan idan ya zauna a daji da asuba, tun kafin gari ya waye sosai, ya auna wata bishiya ko kututture da ke yadi 40 daga inda yake, ya ƙudurta cewa duk tsuntsun da ya tsaya a bayan wannan alama ya tsira a ranar.